Hular Yatsa, Da Yadda Allura Ta Zo Hannunmu

 

Da 'yan kwamitin mujalla suka ce mu ma 'yan ajin yaƙi da jahilci mu kawo wani abu na tarihi saboda ƙungiyarmu ta cika shekara 20, kowa ya zaci labarin adashinmu na farko za mu rubuta. Wannan ma'aji ta fi mu saninsa, ita ke riƙe da littafi. Mu wani ɗan abu muka ɗauko wanda bai fi girman dabino ba. Sai dai Hausawa sun ce kada allura ta tono garma, mu kuwa tamu ta tono, sai ku yi haƙuri da mu.

Ga yadda aka fara. Wata ranar aji malamarmu ta ce kowacce ta zo da abu ɗaya daga cikin kayan sana'arta, mu rubuta sunansa da Hausa, ita kuma ta gaya mana na Turanci. Mai ƙuli-ƙuli ta zo da ƙuli, mai daddawa ta zo da daddawa, ajin duk ya ɗauka. Mu masu kayan koli muka zo da fakitin allura, irin wanda muke sarowa a Kano, mai jerin allurai manya da ƙanana. A wani fakitin akan haɗo da ɗan ƙoƙon ƙarfe, jikinsa duk 'yan ramuka kamar saƙar zuma. Shekara da shekaru muna sayar da shi, ba mu taɓa tambayar kanmu sunansa ba. Mai saye takan cire shi ta miƙa wa 'yarta, ya zama tukunyar 'yartsana, shi ke nan.

Malama ta ɗaga shi sama, ta rubuta thimble a allo. Harshenmu ya ƙi shiga tsakanin haƙora yadda take so, muka tsaya a kan "simbul", ta yi dariya ta ce ta yafe. Sannan ta ce, "To, da Hausa fa?" Nan aji ya kaure. Wata ta ce safar yatsa, wata ta ce ƙoƙon ɗinki, wata 'yar Toranke ta ce hular yatsa. Kusan dukkanmu muna ɗinkin hula ko mun taɓa yi, amma da aka bi mu ɗaya bayan ɗaya, babu wadda ta taɓa sa abin nan a yatsanta.

Wannan shi ne ya tsaya mana a rai. Yaya mata masu ci da allura za su rasa suna ɗaya da suka yarda da shi na abokin tafiyar allura? Wata uku muka yi muna tambaya. Malama ta karanto mana wasu abubuwa, 'ya'yanmu 'yan makaranta suka dubo mana wasu, sauran kuma a bakin tsofaffinmu muka ɗebo.

Mu fara da kalmar kanta. Turawan Ingila ba su je nesa ba wajen raɗa sunan. Babban yatsa suna ce masa thumb, daga jikinsa kalmar ta fito, tun a tsohon Turancinsu na shekara 1000 da suka wuce. Ma'anarta ta farko ita ce marufin da ake sa wa babban yatsa don a kare shi, kuma irin na fata ne. Daga baya aka koma yin na ƙarfe, masu ɗinki suka mayar da shi yatsan tsakiya, don shi ne ke tura allura. Abin ya sauya yatsa, suna bai sauya ba. Mu ma ai haka muke, har yau muna cewa ba mu da ko sisin kwabo, alhali yaranmu ba su taɓa ganin sisi ba.

Da aka zo kan Jamusawa, sai aka ce su Fingerhut suke cewa, ma'anarsa hular yatsa, ba ƙari ba ragi. Ku zo ku ga 'yar Toranke ranar nan, ko gaisuwa da ƙyar ta amsa. Larabawa suna cewa kushtuban, su kuma a wajen Farisawa suka aro, daga kalmarsu ta yatsa. Kowa dai yatsa ya duba ya sa suna.

Turawa ba su bar kalmar a wajen ɗinki kaɗai ba. Sun mai da ita ma'auni: in aka ce abu bai fi cikin wannan ƙoƙo ba, ana nufin ɗan mitsitsi, abin da mu za mu ce bai kai maƙurwa ba. Akwai kuma wata tsohuwar damfara a kasuwanninsu da ta ci sunan, inda mutum zai kifa ƙoƙuna uku, ya ɓoye ƙwayar wake a ƙarƙashin ɗaya, ya jujjuya, ya ce ka sa kuɗi ka nuna. Mu 'yan kasuwa mun san jikokinsa. Har robar nan da masu ƙirga kuɗi suke sa wa yatsa don takarda ta kamu, da wannan suna suke kiranta. 'Yan ramukan jikin na ƙarfen kuwa ashe ba ado ba ne. Su ne ke riƙe gindin allura kada ya zame lokacin da ake turawa.

Abin ya daɗe a duniya. A Andalus, lokacin da Musulmi suke mulkinta, an yi masu kauri na tagulla, kuma har yanzu ana tono su. A Landan wani mutumin Holan mai suna John Lofting ya samu takardar izinin injinsa na ƙera su a 1693, daga nan suka yawaita suka yi araha a Ingila.

To mu dawo gida, inda maganar take. Mu mutanen Gaya in ana zancen ƙarfe ba ma sunkuyar da kai. Labarin baka da aka gada ya ce wani maƙeri ne daga Gaya, mai suna Kano, ya tafi gindin dutsen Dala neman tama, ya zauna a can, gari ya ci sunansa. Zuriyar maƙeran nan su ake ce wa Abagayawa. Masu binciken ƙasa sun tono alamun narka ƙarfe a Dala da suka kai ƙarni na 7 na Miladiyya. Tsohon littafin tarihin sarakunan Kano ma ya ambaci Sarkin Gaya tun zamanin Sarki Yakubu, wanda ya yi mulki daga 1452 zuwa 1463. Ƙasar da ta ƙera garma da fartanya da lauje da bakin kibiya, ɗan ƙoƙon yatsa ba zai gagare ta ba. Ke nan ba rashin maƙeri ne ya hana mu saninsa ba. Dalilin yana wani wuri.

Ku saurari sunayen kayan ɗinkinmu da kyau. Allura, almakashi, alharini. Duk wadda ta yi makarantar allo za ta ji wannan "al" ɗin ta gane daga ina suka zo. Allura daga al-ibra, almakashi daga al-miƙas, alharini daga al-harir, duk Larabci. Sunan ya biyo kayan ne a bayan raƙumi, ta hanyar Tarabulus da Gadamas da Gat da Agadas, har kasuwar Kurmi. Wani Bajamushe matafiyi, Heinrich Barth, wanda ya sa wa kansa suna Abdulkarim, ya shigo Kano a watan Fabrairun 1851, ya rubuta kayan Turai da ya gani a kasuwa: akoko daga Manchesta ta Ingila, duwatsun wuya daga Italiya, takarda, madubi, da allurai daga wani garin Jamus da ake kira Nurembag. Wato kayan koli dai, irin wanda muke kasawa yau. Shi kansa a tafiyarsa akwai inda da allura yake sayen abinci, saboda darajarta a lokacin. Wannan Nurembag ɗin kuwa shi ne garin da ya yi suna a Turai tun ƙarni na 16 wajen ƙera hular yatsa ta tagulla. Gari ɗaya, allura da hularta.

Amma da allurar ta iso ƙasar Kano, hannun wa ta faɗa? Hannun maza. Wannan ita ce garmar da muka tono, kuma yaran yanzu sai sun yi mamaki. A da, ɗinki sana'ar maza ce. Aikin babbar riga, aska biyu, aska takwas, tambari, da zaren tsamiya ko alharini, malamai ne da manyan almajirai suke zama a zaure ko a gindin bishiya suna yi, riga ɗaya ta ci watanni. Almajiri da yawa da allura ya ciyar da kansa har ya sauke. Hula ma su ne. Wani dattijo a unguwarmu da ya yi wannan aiki yana saurayi, mun aika jikarsa ta tambaye shi yadda suke yi da yatsa. Ya ce guntun fata yake karɓowa a wajen baduku, ya naɗe, ya ɗaure da zare, in ya huje ya sake wani. Kun ga ke nan inda Turawa suka faro, nan shi ma ya tsaya, kuma ta yi masa. Mazan sun san maganin abinsu. Mu ne ba a gaya wa ba, don a lokacin babu ruwanmu da allura sai ɗan ƙwaƙwalan ɗinkin ɓarakar zane.

Abin da ke hannun mace shi ne mazari. A nan muka fi jin daɗin bincikenmu, don ranar da muka je wajen Iya, wadda ta fi kowa shekaru a ƙungiyar nan, ba mu taso ba sai da aka kira magariba. Ta sa aka ɗauko mata tsohuwar taskirarta daga ƙarƙashin gado. Ta nuna mana yadda ake gurzar auduga a kan dutse da ɗan sandan ƙarfe har gurya ta fita. Ta nuna yadda ake shiɓa da ɗan baka har audugar ta tashi kamar kumfa, a naɗe ta sutu. Sannan kaɗi: hannun hagu a sama riƙe da sutu, na dama yana murza mazari, zare yana fitowa kamar daga cikin iska. A gefe ga alli, na ƙonannen ƙashi, ana dangwala da babban yatsa da manuniya don kada gumi ya sa mazari ya zame. Ta ce wadda ta iya tana kaɗa siriri na saƙar maza, tana kaɗa abawa mai kauri, kuma tun daga nesa tsohuwa za ta kalli zare ta ce na gidan wane ne. Da daddare bayan an gama tuwo ake zama, fitilar aci-bal-bal a tsakiya, ana kaɗi ana tatsuniya. Da kuɗin zaren nan aka yi wa iyayenmu kayan ɗaki, da shi aka sayi akuya, da shi aka fita kunyar biki da suna.

Shi Barth ɗin ya ƙiyasta cewa tufafin da Kano take fitarwa waje a shekara sun kai aƙalla wuri miliyan 300, ana kai su har Tambutu da Tarabulus. Mu dai da muka ji wannan lissafi sai muka kalli juna. Kowane zare a cikin wannan dukiya, yatsun mace biyu ne suka murza shi, a ƙauyuka irin Kademi da Gamarya da Balare da Chula. Ana yawan ambaton masaƙa da marina da fatake, kuma sun cancanta. Amma da matan karkara sun ajiye mazari wata ɗaya, da karofi ya bushe.

Ku lura da wani abu. Gurza, shiɓa, sutu, mazari, alli, taskira, abawa. Babu gardama a kan ko ɗaya, kowace tsohuwa daga nan har Gafasa suna ɗaya za ta faɗa. Har doguwar ƙwaryar da ake zura hannu a ciki in an ƙunsa lalle tana da sunanta, zunguru. Abin da mata suka daɗe da shi ba ya rasa suna a bakin mata. Da muka rasa sunan ɗan ƙoƙon nan a aji, shaida ce cewa allura baƙuwa ce a ɗakunanmu, ba ta fi zamanin iyayenmu da kakanninmu ba.

Yadda mazari ya faɗi, ba rana ɗaya ba ne. Layin dogo ya iso Kano a 1911. Turawa sun so jirgin ya riƙa kwasar musu auduga zuwa masaƙun Ingila, sai suka tarar masu sayenta a gida, don kaɗi da saƙa, sun fi su biya, manoma kuma suka karkata ga gyaɗa. Wato a karon farko kakanninmu sun kayar da kamfani a ciniki, ba su ma sani ba. Amma jirgin da ya tafi da gyaɗa ya dawo da atamfa da akoko da zaren kanti. A 1957 babbar masaƙar Kaduna ta fara aiki, wasu suka biyo baya a Kaduna da Kano. Zaren inji ya fi araha, ya fi daidaito, masaƙa suka koma kansa. A hankali mai zuwa ƙofar gida sayen zare ya daina zuwa. Iya ta ce ita ba ta san ranar da ta daina kaɗi ba, ta dai ajiye taskira da niyyar gobe.

Mazan ma nasu ya canja. Keken ɗinki na Singer, a 1851 ya fito a Amurka, shekarar nan da Barth yake yawo a Kurmi yana lissafin allurai. Da keke ya bazu a ƙasar nan, maza suka hau shi, har suka samu sabon suna daga Turanci, tela. Wasu suka tafi boko, wasu aikin albashi, wasu cirani. Aikin hannu mai cin lokaci da ƙaramar riba ya gangaro cikin gida, ya tarar da mata a zaune, hannu ba mazari. Haka ɗinkin hula ya zama namu. A Zariya ma daga wajen shekarun 1970 mata suka shiga aikin babbar riga, wanda a da ko kusa ba sa taɓawa. Muka karɓi allura, amma ba mu karɓe ta a zaure wajen masu ita ba. Maƙwabciya ce ta koya wa maƙwabciya, yarinya ta ɗauka a wajen yayarta. Salon ɗinki ya ƙetaro, guntun fatar nan na dattijo ya tsaya a zaure.

Ba sai mun gaya muku yadda aikin yake ba. Mai zane ya zana, a kawo mana, mu bi layi da zare kala-kala, huda bayan huda, sati biyu, sati uku, wata hular ta fi wata. Daga nan a haɗa, a kai wa masu wanki da guga, ta fito kasuwa tana ƙyalli, a ɗora ta a kan ango ko ɗan siyasa. Abin da ke zuwa hannun wadda ta ɗinka, kowa ya sani, shi ne mafi ƙanƙanta a cikin kuɗin, kuma neman gyara wannan yana cikin abin da ya tara mu tun farko. Amma ku buɗe tafin hannunku ku duba. Yatsan tsakiya ya yi kanta inda gindin allura ke zama. Manuniyar hagu, wadda ke ƙarƙashin ƙyalle tana tarar tsini, duk ta zama huda-huda. Babban yatsa ya goge. Mu nawa ne a nan muka kwana muna juyi da karkare, yatsa ya kumbura yana zogi kamar ana buga ganga a ciki, aiki ya tsaya, mai hula yana aike? Mun ɗauka haka sana'ar take. Muna ma alfahari da kantar, wai alamar gwanaye.

Da a ce yatsa na aiki ne kaɗai, da mun bar maganar a nan. Amma a rayuwarmu yatsa ya zama wani abu daban. Matan Arewa ba su jefa ƙuri'a a babban zaɓen ƙasa ba sai 1979, kuma da babban yatsa iyayenmu suka yi. A 1980 gwamnatin Abubakar Rimi ta kafa hukumar ilimin manya ta Jihar Kano, don irinmu su samu su kama alƙalami. Ku dubi littafin rajistarmu na farko a wajen ma'aji, shafi guda dangwale ne da shuɗin tawada daga sama har ƙasa, sa hannu bai fi a ƙirga da yatsun hannu ɗaya ba. Mun shiga aji, mun sha wuya, mun koyi rubuta sunanmu, muna murna mun rabu da dangwale. Ashe yana gaba yana jiranmu. Tun da aka fito da lambar BVN a 2014, mai son asusu a banki sai an ɗauki zanen yatsunsa goma a na'ura. Katin ɗan ƙasa haka, wajen zaɓe haka. Yanzu ko kin iya sa hannu kamar alƙali, sai na'ura ta ga zanen yatsanki ta yarda ke ce.

Yawancinku kun san abin da ya samu Gwaggo, kuma ita ta ce mu rubuta, ba ta jin kunya. Lokacin da ƙungiya ta ce kowace mamba ta buɗe asusu don rance ya riƙa shiga kai tsaye, mun raka ta wani banki. Ta ɗora yatsa, na'ura ta yi shiru. Aka ce ta goge, ta goge. Aka ce ta shafa a goshi, ta shafa. Yaron da ke wajen ya yi iya ƙoƙarinsa, har da ba ta kujera, yana cewa, "Mama, a sake gwadawa." Yatsun da suka yi shekara arba'in suna ɗinki da surfe da wanki, zanensu ya shafe. Sau uku tana zuwa, kuɗin mota daga aljihunta. A hanyar dawowa ta uku ta buɗe hannunta a cinya ta ce, "Yo ni da hannun nan na aurar da 'ya'ya biyar, yau shi ne ba a sani ba?" Babu wadda ta iya ba ta amsa a motar nan. Sai da ta ajiye allura da wanki na makonni, jikokinta suna yi mata, tana shafa man kaɗanya safe da dare, sannan zanen ya ɗan taso na'ura ta karɓa. Makonnin nan kuwa ba ta samu ko kwabo ba, kuma zubinta bai tsaya ba.

Da muka kai wannan magana taron wata, malama ta ba mu wani labari da ya dace da mu. A 1915, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya, wata mata a Wimbildon ta Ingila, Hope Clarke, ta ga hular yatsanta ta azurfa ta huje, don azurfa tana da taushi, allura na cinye ta. Maimakon ta yar, sai ta yi kira ga mata su aiko da nasu da suka lalace. Aka tara, aka narke, aka sayar, aka sayi motocin ɗaukar marasa lafiya da kuɗin. Wata daga baya ta ce, "Ashe su ma sun san adashi." Amma abin da mu muka ɗauka a labarin shi ne, a can kowace mace mai ɗinki tana da abin nan har ya tsufa a hannunta. Mu kuwa namu sabo fil yake ƙarewa a wasan 'yartsana.

Sai muka kawo shawara a cire wani abu daga asusu a saya wa kowace yarinya da ke koyon hula a ƙarƙashin ƙungiya. Wallahi ba mu zaci za a yi musu ba, amma an yi, kuma masu musun ba su yi ƙarya ba. Wata yayarmu daga Kunkurawa, wadda duk yankin nan an san hannunta, ta ce ta gwada, ji ta yi kamar an sa mata takalmi a ka. Ta ce allura da yatsa magana suke yi, in an sa ƙarfe a tsakani ba ta jin inda tsini ya nufa, layinta ya karkace. Wata ta ce da zafin bazara yatsa gumi yake yi a ciki, abin ya riƙa suɓucewa. Wata kuma ta kawo wadda ta fi ƙarfi: na cikin fakiti girma ɗaya ne, bai zauna wa kowa ba, kuma yatsan tsakiya kaɗai yake rufewa, alhali na'ura goma take nema. Gaskiya ne. Ba za mu tsaya a nan mu ce muku ɗan ƙoƙon nan zai hana abin da ya samu Gwaggo ba, tunda turmi da sabulu ma suna da nasu kason a ciki. Mu 'yan koli ma an ɗan harare mu, wai ko kasuwa muke nema wa kanmu. Mun ji, ba mu ji haushi ba.

Amma ra'ayinmu bai canja ba. Wadda ta yi shekara talatin da hannu tsirara ba za ta saba ba, kuma ba ma neman ta saba. Yarinya 'yar shekara goma sha biyu da yau ta fara riƙe allura, ita ba ta da abin da za ta manta. In ta fara da shi, da shi hannunta zai gane hanya, kamar yadda matan wasu ƙasashe ba sa iya ɗinki in babu shi.

A ƙarshe Iya ce ta raba gardamar, ita da ba ta taɓa ɗinka hula ba. Ta ce tunda na ƙarfe ya ƙi manya, me ya hana a koma wa na dattijon zaure? Aka aika wa wani baduku a cikin gari da awon yatsu, ya yanko fatar akuya mai laushi, ya ɗinka guda goma na gwaji, wasu na yatsan tsakiya, wasu na manuniyar hagu, biyu kuma na babban yatsa, inda sunan Turancin ya samo asali. Yayarmu ta Kunkurawa ta karɓi ɗaya tana taɓe baki. Da aka dawo taro na gaba ba ta ce komai ba, mun dai ga abin a ɗaure a bakin mayafinta.

An tsayar cewa yara masu koyo za a ba su na ƙarfe da na fata, kowacce ta zaɓi wanda ya zauna mata. Da sakatariya ta zo rubutawa a littafin taro sai ta ɗaga biro ta ce, "Me zan rubuta, simbul?" Aka ce a ɗaga hannu. Safar yatsa ta samu 'yan hannuwa, ƙoƙon ɗinki ya samu biyu, ɗaya ma mai shi ce ta ɗaga duka hannayenta. Sakatariya ta rubuta hular yatsa. Wadda take so wa 'yarta ta zo da ita ranar taron wata mai zuwa, don sai an auna yatsa, kuma a zo da wuri, badukun ya ce ba ya kaiwa la'asar.